Malam Maje Mai Kaɗa Wili

Idan ka hau a-daidaita-sahu daga Gyaɗi-Gyaɗi ka nufi Tarauni, ka ce a sauke ka a Layin Wili, direba ba zai tambaye ka ina ne ba. Amma in ka faɗa masa sunan da gwamnati ta rubuta a allon bakin layin, sai dai ku yi ta zagaye. Wilin da ake faɗa kuwa tsohon wilin mota ne, yana nan rataye a rumfar Malam Maje mai facin taya.

Malam Maje ya zo layin yana saurayi, lokacin gidaje tsilli-tsilli ne, har ana shuka gero a tsakaninsu. Mutanen da ya tarar kowa da inda ya fito: ma'aikatan gwamnati, 'yan kasuwar da suka taso daga cikin birni, da Ayodele tela wanda ya zo daga kudu da iyalinsa. Ban da ɗaga hannu da safe, babu abin da ke haɗa su.

Ana nan sai soja suka karɓi mulki, aka kafa dokar shara ranar Asabar ɗin ƙarshen wata. Wata Asabar suka shigo layin suka tarar kwata ta cika har tana amai. Ba su tambayi ta ƙofar wa ce ba. Duk namijin da suka gani suka tattara, mai babbar riga da mai gajeren wando, suka sa su tsallen kwaɗo a gaban matansu, sannan suka tura su cikin kwatar.

Da sojojin suka wuce, mazan suka zube a gindin darbejiya suna haki, babu mai iya kallon idon wani. Ayodele ne ya fara magana.

"Maje, ashe haka ka iya tsalle? Da na sani ai da wando mai roba na ɗinka maka."

Dariya ta ɓarke, har da Alhazan da ke share taɓo daga gemu. A nan zaune suka yanke shawara cewa ba za a sake fito da su da bulala ba, su za su riga gwamnati. Ranar Juma'a bayan La'asar za su yashe kwatarsu, soja ya zo ran Asabar ya rasa abin faɗa. Maje, da yake shi ne ƙarami, aka ce ya riƙa kira. Ya ɗauki sifana ya doki wili, ƙarar ta kai ƙarshen layi.

Soja suka tafi, farar hula suka zo, aka yi ta canji, wili bai daina ba. Gayyar ta koma ta gaban damina, kuma ta haifi al'ada: duk wanda ya tare a layin, komai muƙaminsa, baƙo ne har sai an miƙa masa shebur ya fara shiga kwata. In ya fito, Saratu matar Maje ta ba shi kunun tsamiya, matar Ayodele ta ɗora masa fanke. Daga ranar ya zama "namu". Bikin suna a gidansa na kowa ne, rasuwarsa ta kowa ce.

Shekarun baya kaɗan gwamnati ta tuna da layin. Aka shimfiɗa kwalta, aka gina kwata ta siminti aka rufe ta, aka sa ma'aikata masu share ta. Kowa ya yi murna, har Malam Maje, duk da Ayodele ya zo yana yi masa jaje.

"Sannu Maje. Babu rami, babu ƙusa. Wa kuma zai kawo maka faci?"

"Kai da idonka bai ganin kafar allura, ka ji da kanka."

Sai dai aikin ya ci darbejiyoyin bakin hanya gaba ɗaya, kuma ya bar gayya babu abin yi. Damina ta zo ta wuce, wili yana rataye shiru.

A cikin wannan shirun ne wani matashi, Mu'awiya, ma'aikacin sakatariya, ya kama haya a layin. Yaro ne mai ladabi, yana gaida mutane ta gilashin mota. Wata safiya Malam Maje ya fito ya ga rumfa da kujeru a ƙofar gidan, ana feɗe rago. Matar Mu'awiya ta haihu har kwana bakwai, babu wanda ya ji.

Ranar Malam Maje bai iya cin tuwon kirki ba.

"An yi suna a Layin Wili, Saratu, ni da ke muna kallo kamar 'yan wucewa."

"To Malam, sai ka je ka fasa kwatar gwamnati ka cika ta da shara, ka samu abin kaɗa wa wili."

Ya yi murmushi, amma abin bai bar shi ba. Ba kwatar yake kewa ba, wa zai yi kewar wari? Tsoronsa shi ne layin ya koma yadda ya same shi, na ɗaga hannu da safe.

Da bazara ta yi tsanani, Ayodele ya zo hira da lema a hannu, yana mita cewa an ba su titi an ƙwace musu inuwa. Malam Maje ya daɗe yana kallon gefen kwaltar, fili fetal babu ko ganye. Da yamma ya sa hularsa ya yi sallama a ƙofar Mu'awiya.

"Ɗana, gefen titin nan na wane ne?"

"Na gwamnati ne, Baba. Ba a haƙa shi sai da izini."

"To ko za ka tambayo mana ita, in muka dasa mata bishiya za ta yi fushi?"

Mu'awiya ya yi dariya, ya ce zai bi. Ya kuwa bi, ofis bayan ofis, har aka amince, aka haɗa shi da dashen darbejiya cike da bayan motarsa.

Juma'ar da ta biyo ruwan farko, bayan La'asar, Malam Maje ya goge tsatsar wili ya doka. Hannun ba kamar da ba, amma ƙarar ta fita. Ƙofofi suka fara buɗewa. Tsofaffi suka fito suna dariya tun kafin a ce musu komai.

Mu'awiya yana gefe cikin farar shadda, yana ɗaukar hoto da waya. Malam Maje ya taka a hankali ya miƙa masa diga.

"Baba, ai ni na yi nawa. Ni na kawo izini."

"Izini na gwamnati ne, ɗana. Ramin ne namu."

Ayodele ya ɗaga murya daga kan benci: "Ka gode wa Allah, yaro! Mu da tsallen kwaɗo muka shiga!"

Mu'awiya ya naɗe hannun riga ya kama sara. Kafin ramin ya kai gwiwa, shaddar ta koma ja, tafin hannunsa ya yi bororo. Yana ɗagowa ya ji Saratu tana cewa, "Ina Mu'awiyanmu? A miƙa masa kunu tun da zafi." Washegari matan layi suka cika gidansa da barkar da suka makara ba su yi ba, har da sabulu da zannuwan goyo.

Yanzu bishiyoyin sun kai kafaɗa. Malam Maje ya kewaye kowacce da tsofaffin tayoyi saboda awaki, yana bin su da bokiti da sassafe. Kwanan baya yana zaune yana lallaɓa wani tiyub sai ga Mu'awiya ya tsaya, ya fito daga mota, ya durƙusa.

"Baba, an tare a gidan ƙarshe. Yaushe za a kaɗa wili? Akwai baƙo."

Malam Maje ya dubi sama ya ga hadari ya fara haɗuwa ta gabas.

"Ka nemo masa diga," ya ce. "Mai nauyin nan."