Bikon Ojelabi

Faɗana da Ojelabi da matarsa Ashabi a kan tafiyata aka yi shi. Ƙafata ɗaya ta ɗan gaza ɗaya, duk Ogbomosho an san haka, amma ba wanda ya taɓa biyan kuɗi don ya gani sai da waɗannan biyun suka ɗauke ta suka kai dandalin wasan kwaikwayo. Wata mai sayen barkono a wurina ce ta zo tana ƙyaƙyata dariya, ta ce, "Iya Alata, jiya na gan ki a wasa, har da tsakin nan naki." Na bar dutsen niƙa na faɗa ɗakinsu, don gida ɗaya muke haya. Na tarar Ashabi ta ɗaga ludayi, shi kuma ya kare kansa da murfin tukunya. Suna ganina suka ajiye nasu suka haɗu a kaina.

"Iya, ai daraja muka ƙara miki," in ji shi. "Wa ya san ki kafin jiya?"

"Har gyara miki ɗingishin na yi," in ji ta. "Naki bai kai nawa kyau ba."

Na zage su tun daga kakanni har zuwa motarsu mai tari. Ojelabi ya karkata kai yana saurare kamar ana masa wa'azi. Bayan sati biyu aka ji zagin nan nawa kaf a dandalin Oyo.

Ojelabi jikan masu wasan dodo ne, a cikin rigar dodo ya koyi tsalle. Da ya kawo ƙarfi sai ya kafa ƙungiyar wasan kwaikwayo: tsohuwar babbar mota, makaɗa huɗu, labule ɗaya da fitilun gas. Yau suna Iwo, jibi Ilorin. Ashabi rawa ta zo yi, amma ranar farko ta ce masa muryarsa kamar ƙofar da ta shekara ba ta ga mai ba. Bai yi wata uku ba ya aure ta.

Ba su da rubutaccen wasa a takarda. Wasansu faɗan miji da mata ne, kuma daga gida suke kawo shi da ɗuminsa. In gardama ta yi zafi da safe a kan gishirin miya, sai ya ɗaga hannu ya ce, "Tsaya, kar ki ɓata wannan, ajiye ta sai Iwo." Su yi shiru su ci amalarsu, tuwon garin doyar nan, kowa na dafa tasa a ciki. A dandali su kwance ta gaban mutum ɗari biyar. A ƙarshe kullum shi ne zai zube rub da ciki kamar yaro gaban ubansa yana roƙo, ita kuma ta ɗora masa ƙafa a baya tana gyara ɗaurin kai. Namiji ya kwanta wa mace! Mutane har faɗowa suke daga benci. Shekara goma sha tara suna haka, bai taɓa ce mata "yi haƙuri" a inda ba 'yan kallo ba.

Haihuwarta uku, ukun duk sun koma kafin yaye. Wannan maganar kaɗai ba a ajiye ta don wani gari. Sai shekarar da aka canza fam zuwa naira, a Ilorin, ta kayar da shi da magana sau uku a jere. Jama'a na ta ihu. Sai ya ce, "Ke da ko yaranki ba su iya zama da bakinki ba! Leƙowa suke, su ji muryarki, su koma."

Zauren ya tsage da dariya, don ba wanda ya san gaskiya ce. Ya tsaya yana jiran amsa. Ya san tana da wadda ta fi tasa, kullum tana da ita. Ashabi ta kwance ɗaurin kan wasa, ta ninke, ta ajiye kan kujera, ta ratsa tsakiyar mutane ta fita. Suka raka ta da tafi, sun zaci cikin wasan ne. Washegari tana gidan wanta a Ede.

Ya ce za ta huce. Ya ɗauko 'yan mata su tsaya a gurbinta, amma yarinyar da aka yi wa tarbiyya ba ta iya kallon sa'an ubanta ta ce masa mai kan ƙwarya. Ta farko ta zage shi, sannan ta durƙusa a tsakiyar wasa.

"Baba, ku yafe mini."

"Tashi ki zage ni, don Allah!"

"Baba, bakina ba zai iya ba."

Ta biyu kuka ta sa. Benci suka fara zama fayau.

Sai ya tafi biko, ya kuma yi shi yadda ya iya. Ya cika mota da makaɗa, ya sa babbar rigar wasa, ya zaɓi ranar kasuwar Ede. Aka yi ta kaɗa kalangu a ƙofar gidan wanta har unguwa ta taru, sannan ya zube rub da ciki a ƙasa. Ashabi ta fito, ta dubi taron, ta dube shi.

"Nawa ne kuɗin shiga?" ta ce. Ta koma ta ja ƙofa.

Ya daɗe a kwance yana jiran ƙafarta a bayansa. Ko da ya tashi bai gane inda ya kuskure ba. A ganinsa ban haƙuri mafi girma da ya mallaka ya kawo mata.

Makaɗa suka watse ɗaya bayan ɗaya. Motar ta koma dakon doya, labulen ya koma taga, shi kuma ya koma ɗinkin hula. Shekara goma sha ɗaya. Yakan dafa miyarsa, ya cika mata gishiri da gangan, ya zauna ya cinye, ba mai ce masa komai. Ta bango nakan ji ya jefa magana, ya yi shiru daidai tsawon amsa, sannan ya ce, "Ƙarya kike!" Da safe ya fito ya tsokane ni: "Iya Alata, yau ma barkononki sanyi kamar ruwan randa." In ba shi baƙar magana biyu uku don tausayi. Ya juya su a baki, ya girgiza kai.

"Ba haka za ta ce ba."

Wata mai kawo mini albasa daga Ede ce ta zo da labarin cewa ƙafafun Ashabi sun kumbura, ba ta tashi. Ya ji daga ɗakinsa. Kwana biyu bai fito ba. Rana ta uku ya tsaya a kaina sanye da rigarsa ta zaman gida.

"Iya, raka ni."

"Ka manta hanyar Ede ne?"

"Ban manta ba. Bakina ne ba ya buɗuwa in ba mai kallo. Mutum ɗaya ma ya isa."

Na wanke hannu na bi shi. Tun daga tasha har muka sauka leɓensa na motsi, yana haɗa magana yana warwarewa.

Muka same ta a tabarma, ta rame, kai ba ɗankwali, furfura fari fat. Ta ƙare masa kallo daga sama har ƙasa.

"Ka tsufa, mummuna."

Fuskarsa ta washe. Na ga amsa ta hau masa harshe, na ga ya haɗiye ta da ƙyar. Sai ya waiwayo ya dube ni. Ita ma ta gyara zama, ta karkato fuska wajena, ta ɗaga haɓa yadda take wa 'yan benci na gaba. Ashe ita ma ba ta san yadda ake sauraro in ba kowa ba. Su biyu suka zuba mini ido suna jira in zauna.

Na ɗauki jakata.

"Ni ba 'yar kallo ba ce," na ce musu. "Zan fita in ja ƙofa, in kori duk wanda ke tsakar gida. Kai, sunayen yaran nan uku za ka fara kira mata, in kana tune da su. Ke kuma riƙe bakinki har ya kai ƙarshe. Ba mai dariya, ba mai tafi, ku ƙarata ku kaɗai. Ni ina tasha, motar la'asar ba ta jiran kowa."