Kaskon Lakar Iya Tabawa

A gidanmu tatsuniya ba kyauta ba ce, ladan ɓarar gyaɗa ce. In kaka ta yi aka kwaso gyaɗa daga gona, da an idar da sallar isha'i sai kakarmu Iya Tabawa ta jawo kujerarta gaban murhu, ta iza guntun icen da ya rage daga girkin tuwo, ta zube mana gyaɗa a tabarma. In hannunmu ya tsaya, bakinta ma ya tsaya. Ni da yayana Hamisu mu ne manyan ma'aikatanta, sai dai rabin abin da muka ɓare a cikinmu yake kwana. Tana kallonmu ba za ta tanka ba, sai labari ya kai inda ya fi daɗi, ta katse shi ta ce, "Maigidana, buɗe bakin nan in gani." Ni take nufi. Ni ne mijin wasanta, kuma kullum ƙorafinta ta auri rago mai ci.

Ƙauyenmu yana ƙasar Kwanyawa, ita kuwa aure ne ya kawo ta daga Jajaye. A bayan gari muna da tafki. Da damina yakan cika ya batse, shanun Fulani su sha, mata su yi wanki, mu kuma mu yi iyo har idanunmu su yi ja. Da rani sai ya ja baya, a yi su a kwashe tarwaɗa da ƙarfasa, har ya rage 'yar laka mai danshi a tsakiya, wadda muke kira cibiyar tafki. A lokacin ne maza ke shiga da diga da shebur su yashe shi, su sami ƙasar gini, shi kuma ya ƙara zurfi.

Amma kafin kowa ya sa diga, Iya takan tattare zaninta ta shiga har cibiyar da ƙwarya. Ta ɗebo baƙar lakar nan mai wari, ta kai bayan ɗakinta ta juye a kasko, wato gindin wata tsohuwar randa da ta fashe. Ta rufe da tsumma, kullum ta yayyafa ruwa. Sai ruwan farko mai ƙarfi ya sauka, tafki ya soma taruwa, sannan ta mayar da lakar inda ta ɗebo ta. Irin tafki take ce mata. In aka tambaye ta dalili, sai ta ce wane manomi ne yake cinye geronsa kaf bai ajiye iri ba?

Wata rana Hamisu ya toshe hanci ya ce kaskon Iya ya fi turken jaki wari. Ta ajiye maganar a ranta har kaka ta zagayo muka zauna ɓarar gyaɗa.

"Ga ta nan, ta fito daga laka," in ji Iya.

"Ta wanke ƙafa ta shigo," muka amsa. Haka take buɗe tata, ba kamar ta sauran gidaje ba.

Ta ce wai a wani tafki kifaye suka naɗa Ƙarfasa sarauniya, saboda jikinta yana sheƙi. Ran nan Balbela ta sauka a bakin ruwa da fararen kayanta, ta leƙa ta ce, "Ranki ya daɗe, gida har gida, sai dai tsakar gidan ƙazanta. Su wane ne waɗancan masu birgima a laka?" Ƙarfasa ta ji kunya. Ta sa aka yi shela cewa duk mai kwana a ƙasan ruwa ya tattara ya fita. Aka kori Katantanwa da gidanta a baya, aka kori Ƙaguwa tana tafiya a karkace don baƙin ciki, aka kori Tana da ƙananan tsutsotsi da ba wanda ya san sunansu. Aka share ƙasan tafki tas.

Ba a daɗe ba ganye ya faɗo, kashin shanu ya gangaro, abin da ya mutu ya nutse, ba mai ci, ba mai juya laka. Ruwa ya soma wari. 'Ya'yan kifi suka duba ƙasa inda suka saba samun abinci, babu. Kowa ya taso sama yana buɗe baki yana neman iska, Balbela kuwa tana tsaye a nan da ƙafa ɗaya, tana tsince su ɗai-ɗai. A nan Iya takan miƙa wuya ta cafko gyaɗa daga gaban Hamisu, ta ce, "Kamar haka."

Ashe ranar da aka yi shara, wata tsohuwar Tarwaɗa ta cika bakinta da laka, da ƙwayayen korarrun nan a ciki, ta cusa kai cikin wani rami a gindin gaɓa ta ɓuya. Da ruwan sama ya sauko sai ta fito, ta tofar da lakar a tsakiyar tafki, ta ce, "Ku fito, an gama shara." Tafki ya rayu. Shi ya sa har yau kan tarwaɗa a baje yake saboda matsin ramin, kuma kullum tana ƙasa tana shafa laka da gashin bakinta, tana gaida mutanen da ta ceto.

"Ƙurunƙus kan ƙaguwa," in ji Iya, "in kun samo mata kan."

Muka yi dariya, ban da Hamisu, don ya gane da shi ake. Daga ranar ne na lura cewa duk sanda Iya za ta juye kaskonta a tafki, takan faɗi maganar Tarwaɗar nan a hankali.

Shekaru suka ja, na tafi kwalejin horon malamai na karanta ilimin halittu. A can na haɗu da kalmar bentos. Asalinta daga harshen Girka ne, tana nufin zurfin teku, amma masana suna kiran duk masu ran da mazauninsu ƙasan ruwa ne da ita, teku ne ko kogi ko ɗan tafkin bayan gari. Wasu suna rarrafe a kan laka, wasu suna binne a cikinta, wasu suna manne da dutse ko saiwa. Suna ne na jama'a, kamar a ce garke, ba a nuna katantanwa guda a ce ga bentos. In dabbobin kaɗai ake nufi ban da tsirrai, sai a ce zubentos. Da wannan kalma ake raba su da masu iyo da ƙarfinsu kamar yawancin kifaye, da kuma ƙananan da ruwa ke yawo da su. Aikinsu shi ne cin abin da ya nutse ya ruɓe, da motsa laka, su kuma kifi ya ci su. Mai bincike in yana son sanin lafiyar ruwa, laka yake ɗebowa ya tace ya ga su wa ke ciki. Ranar da aka ba mu rariya aka ce mu tace, warin da ya bugi hancina na kaskon Iya ne.

Littafin ya kuma gaya mini abin da Iya ba ta faɗa ba. Wata irin katantanwa cikin mutanen ƙasan nan ita ke rainon ƙwayar tsargiya, fitsarin jinin nan da kusan duk mu masu iyo muka yi, manya suna cewa alamar girma ce. Don haka ban fito daga aji ina cewa duk abin da ke laka waliyyi ne ba.

Iya ta rasu, Allah ya ji ƙanta. Mutane suka koma gini da bulo, ba mai neman ƙasar tafki, aka daina yasa. Kaskonta ya zauna a kife a bayan ɗaki. Ni na zama malamin sakandare a Karaye, Hamisu ya riƙe gida da gona, ya kama noman rani a bakin tafkin. Yashi da laka suka yi ta cike shi, har ya kai ruwan yana ƙarewa albasa ba ta gama yin kai ba. Bara ta bushe masa a tsaye. Shi ya sa da ranin bana shi da maƙwabtansa suka ɗauko katafila mai haƙa ta yashe tafkin gaba ɗaya.

Da na ji, hankalina ya tashi. Diga da shebur ba sa taɓa kwashe komai duka, amma katafila ba ta barin saura. Tsorona shi ne tafkin ya koma rami mai ruwa kawai, ba kifi ba su, kuma abin da Iya ta riƙe duk rayuwarta ya yanke a hannunmu.

Na je gida ranar Asabar. Muka gaisa, ya gajiya, ya iyali, ya ɗalibai, ya zafi, sannan na kawo maganar.

"Yaya, da dai ku haƙa gefe-gefe, ku bar cibiyar."

"Malam, ai cibiyar ita ce wajen ruwan. In na bar ta me na haƙa?"

Na shiga yi masa bayani, har na ambaci kalmar.

"To, su Bentos ɗin su za su yi wa albasata ban-ruwa?" ya ce. "Kuma ba kai ka ce katantanwa ke sa yara fitsarin jini ba? A kwashe ta mana, kowa ya huta."

Na ce maganin wannan shan magani ne da daina fitsari a ruwa, ba kashe tafki duka ba. Ya yi dariya ya ce in na gama lacca ga fura can. Ban ga laifinsa ba, bakunan da yake ciyarwa suna da yawa, kuma albasa ba ta jin wa'azi. Sai na ƙudura a raina zan zo da bokiti kafin ranar aikin, in ɗebi ko kaɗan ne.

Katafilar ta gama wani aiki da wuri a garin da ke gaba da mu, ta iso kafin ranar da aka sa. Ina aji aka soma. Da na iso bayan la'asar an gama. Wani jan rami na tarar, mai zurfi, ƙasansa a kankare. Baƙar lakar tana can ƙarƙashin tudun jar ƙasa, abin da ya fito fili rana ta gasa shi, fararen ɓawon katantanwa a warwatse. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na ji irin abin da na ji ranar da aka fita da gawar Iya.

Na wuce gida, na ɗauki buta na zaga bayan tsohon ɗakinta. Sai na ga kaskon a zaune, ba a kife ba, an rufe shi da jiƙaƙƙen buhu. Na ɗaga buhun. Laka ce baƙa har baki, wata 'yar katantanwa tana ja da ƙahonta ciki. A kan danga kuma ga wandon Hamisu a shanye, baƙi ƙirin har cinya.

"Yaya, wa ya ɗebo?"

"Kaji," ya ce, bai ɗago daga gyaran tiyon ban-ruwa ba. "Kajin gidan nan akwai hankali." Can sai ya ce, "Direba ya tada inji, na ɗaga hannu zan ce bismillah, sai na ji kamar tsohuwar nan tana bayana da ƙwarya. Na ce ya dakata. Kar ka ɗauka don Bentos ɗinka ne."

Ko kasko ɗaya ya isa ya raya tafki, ban sani ba. Na karanta cewa ruwan da ke gangarowa daga wasu wurare da ƙafafun tsuntsaye ma suna dawo da waɗannan halittu a hankali. Mai yiwuwa ko ba kaskon za su dawo. Ina yaro na ɗauka tatsuniyar a kan Balbela take, wato kada ka yarda da mai fararen kaya da daɗin baki. Yanzu na fi ganin a kan shara take. Kafin ka share wuri tas, ka tambayi abin da dattin yake yi a wurin, don akwai masu aikin da ba a ganinsu sai ranar da suka bari. Abin da nake gaya wa ɗalibaina ke nan kafin in rubuta musu kalmar a allo.

Hamisu ya yi ta yayyafa wa kaskon ruwa har damina ta faɗi. Washegarin ruwan farko mai ƙarfi ya kira ni a waya ya ce tafki ya taru, in zo. Muka ɗauki kaskon mu biyu, shi gefe ni gefe, muna santsi a jar ƙasa har muka shiga ruwa iya gwiwa. Ya karkata shi, lakar ta zame ta nutse, ruwan ya yi baƙi a kewaye da ƙafafunmu. Sai ya zungure ni da gwiwar hannu.

"Kai ne mijinta," ya ce. "Kai za ka faɗa."

Na duƙa kusa da ruwan na ce, "Ku fito, an gama shara."