Ɗakin da Aka Hana Mode Magini Yaɓewa

Duk wanda ya san barikin da ke kan hanyar Wurno zuwa Rabah a zamanin Turawa ya san Mode magini. Gajere ne mai faɗin ƙafa kamar faifai, ga son magana. In ya hau soro sai ya yi ta ba mutanen ƙasa labari har laka ta bushe a hannunsa. Aikinsa kula da gidajen ma'aikata da ke bayan barikin, inda malamin daji da malamin asibiti suke zaune. Kowace bazara yakan bi su ɗaya bayan ɗaya, ya toshe tsaga, ya gyara indararo, ya shafe da makuba. Ɗakin ƙarshe a layin shi aka ba shi da matarsa Baraka, kuma shi yake yaɓewa a ƙarshe.

A shekarar da nake ba ku labari bai kai ga nasa ba. Akuyar Baraka ta shiga lambun bariki ta cinye latas ɗin wani Bature mai rangadi. Heluma Maigandi, shugaban leburori, ya ga in bai kori wani ba shi za a kora.

"Daga yau ba ka da aiki," in ji Maigandi. "Ka ba ni ɗaki."

"Akuya ta ci, ni a kore ni? Ita mi anka yi mata?"

"Ita ba ta aikin hukuma."

Mode ya kai ƙara wurin alƙali. Alƙali ya saurare shi har ya gama, wanda ba ƙaramin haƙuri ba ne, sannan ya tambaya, "Barikin ga na wa na?"

"Na Nasara na, Allah gafarta Malam."

"To kai mutumin Nasara na. Ni aure da saki da gado ka hannuna. Tahi wurin Joji."

Joji, wato Di'o, Baturen mulki, yana Goronyo rangadi. Mode ya taka har can. Joji ya tambaya ta bakin tafinta wa ya ɗauke shi aiki. Ya ce En'e, wato hukumar gargajiya mai kotun alƙali. Aka ce to shi mutumin En'e ne, ya koma wurin alƙali. Amma Joji ya yi masa alheri guda: har ran da za a san mai hurumin shari'ar, kada a fitar da shi daga ɗakin, kada kuma kowa ya taɓa kome a jikin ɗakin.

Mode ya dawo yana murna. Washegari ya kwaɓa laka, sai ga Maigandi a tsaye.

"Kowa anka ce. Kai ba kowa ba na? Ka aza hannu, sai gidan yari Sakkwato."

En'e ba ta aiko magini ba, don in ta gyara ta yarda ɗakin nata ne. Gwamnati ma haka. Ga magini a ciki, hannunsa na ƙaiƙayi.

Tsagar da ke bangon gabas da farko allura ce kawai za ta shiga. Da shamuwa ta iso, yatsa na shiga. Gara ta kama azara. In Baraka ta tuƙa tuwo sai ta rufe da faifai, don ƙasa na zubowa daga sama kaɗan-kaɗan kamar ana barbaɗa gishiri. Da tsakar rana, ana zaune shiru, sai a ji wata azara ta yi ƙara, ta yi shiru. Mode ya bi Joji Rabah, aka ce ya wuce Gandi. Ya dawo wurin alƙali, aka ce ana jiran Joji. Gabas kuwa kullum sai ƙara duhu take.

"Malam," in ji Baraka, "ɓeraye ma sun tashi, su da ba su da shari'a."

"In mun hita, na yarda an kore ni ke nan."

"In mun zauna fa?"

Mode, mai amsar kowace magana, sai ya tsaya duban rufi.

Ran da aka tashi da iska mai ƙanshin ƙasa, Baraka ta yafa zane ta tafi gaban alƙali ita kaɗai.

"Ƙarar mijina ni kawo."

"Ya buge ki?"

"Mode? Ko sauro sai ya yi mai nasiha. Ya aje ni ƙarƙashin ɗakin da za ya kashe ni."

Alƙali ya gyara zama. "Wagga kam tawa ta." Ya aika aka kira Mode, ya ce masa ko ya gyara wa matarsa wurin zama yau, ko a raba auren.

"Joji fa, Allah gafarta Malam?"

"Joji ba ya shiga tsakanin miji da mata. Tashi, hadari na tahowa."

Ya hau soron bayan azahar, gabas ta yi baƙi ƙirin. Duk inda ya aza faffaɗar ƙafarsa sai rufin ya lotsa. Baraka na miƙo laka a ƙwarya, malamin daji ya tokare azarar da ta fi ruɓewa da gungume. Maigandi na gindin bishiyar bedi yana kallo. Ranar nan ba wanda ya ji muryar Mode daga sama. Yana saukowa ruwa ya ɓarke. Suka tsaya a zauren malamin daji suna duban ɗakin har aka ɗauke. Bai faɗi ba.

Da ɗaki ya gyaru, sai ga masu shi. En'e ta ce nata ne, gwamnati ta ce nata ne, suka dai haɗu a kan abu ɗaya: wanda ya karya umarnin Joji ba shi da sauran kariyar Joji. Ba a ɗaure shi ba, albarkacin alƙali, amma Maigandi ya zo da ɗan doka ya karɓi ɗakin. Da tsakiyar damina Mode da Baraka da akuya suka kama hanyar Rara, wurin dangin Baraka.

Can ya tsufa yana gina wa manoma rumbuna, maganarsa ta dawo har ta fi da. In aka tambaye shi yaushe aka kore shi daga aiki, sai ya ɓata rai ya ce ba a kore shi ba, shari'arsa na nan ba a yanke ba. Baraka kuwa takan ce ita tata an yanke, ta ɗaga kai ta dubi rufi.