Alwalata ta Farko da Ruwan Teku

Na kamfaci ruwan na kurkure baki, sai ga ni ina furzarwa ina tari. Gishiri zalla!

Jiya kenan, a Iskandariyya. Shekarata biyu ina karatu a Alƙahira, daga ɗakinmu na unguwar Madinat Nasr sai aji, ban taɓa ganin teku ba. Ruwa shuɗi iya ganin ido, jiragen masunta suna lilo kamar masu gyangyaɗi.

Wani tsoho da ke gyaran ragarsa ya yi dariya. "Ma'alish, yi haƙuri ɗana. Baƙo ne kai?"

Na kira shi kawu da Larabcinsu, na ce, "Ammu, babana ne ya karantar da ni cewa ana alwala da ruwan teku. Bai ce min haka yake ba."

"Shi ya taɓa ganinsa?"

"A'a. Yanzu ma idanunsa sun mutu."

Ya ajiye ragar. "To kira shi mana. Ai yana da kunne."

Na kira Gusau, na miƙa wayar saitin igiyar ruwa. Baba ya yi ta sauraro. Can ya ce, "Kada ka kashe tukuna."

Ku fa, wa za ku fara kira?