Garin da mijina ya ajiye ƙarƙashin gadona

Tun kafin 'yata ta fara rarrafe nake fargabar abin da za ta kai baki. Ni 'yar Tungar Guru ce. Ina ƙarama gubar dalma ta shiga gidajenmu ta dutsen zinariya da ake dakawa a tsakar gida, kuma ƙanena na cikin yaran da suka tafi. Da idona na ga jijjigar da ya yi a cinyar Innarmu. Shi ya sa da aure ya kawo ni Gummi, ko takalmin baƙo sai na duba ko akwai ƙurar dutse.

Mijina ɗan fim ne, fim ɗin faɗa irin na 'yan Chana. Ba ya fitowa a ciki. Shi ke rubuta labarin a littafin 'yan makaranta, shi ke shirya wurin da za a yi faɗan. Tun yana saurayi yake harkar, a zaman gidan kallo ya koya. Zai kafa katanga da karan dawa ya shafe ta da laka kaɗan, don in jarumi ya kai mata ƙafa ta rushe. Takubbansu na katako ne, jini kuwa soɓo. Tukwanena biyu ya tsattsaga ta ciki don su fashe a kan mugu ba tare da ya ji ciwo ba. Duk na haƙura.

Abin da ya hana shi sukuni shi ne ƙura. Wai a fim ɗin Chana in an naushi mutum, wata farar ƙura ke tashi daga rigarsa, ita ke sa mai kallo ya ji naushin a ƙirjinsa. Ya gwada toka, 'yan wasa suka yi ta hawaye. Ya ɗebi garin masara, mahaifiyarsa ta kama shi da kwano a hannu.

"Abincin namu za ka watsa ma ƙattai a riga? Aje shi nan, ɗan nema!"

Wata rana ya dawo daga wajen Bukkuyum da bokitin fenti ɗaure a bayan babur, yana murna kamar an ba shi kujerar Makka. Ya ce ya samu abin da yake nema. Ban tambaya ba, laifina ke nan, na ɗauka farar ƙasa ce. Ya tura bokitin ƙarƙashin gadona don kada ruwan damina ya taɓa shi.

Bokitin ya fi mako biyu a wurin. Ran nan da hantsi ina tankaɗe, sai na ji yarinya ta yi shiru, irin shirun da kowace uwa ta sani. Na leƙa ɗaki. Ta ture murfin, hannuwanta sun yi fari fat, bakinta ma haka. Na murza garin a yatsuna, na ji laushinsa, na ga ɗan ƙyallin nan. Garin da ke fita daga injin niƙan dutsen zinariya ne.

Na wanke ta da sabulu sau uku tana tsala ihu. A haka ya shigo ya same mu.

Na ce, "Malam, ina ka samo wanga gari?"

"Wani abokina mai inji ya ba ni. Kin ga yadda yake tashi a kyamara kuwa? Ko 'yan Kano ba su da irinai."

"Dalma ka aje min ƙarƙashin gado! Ɗiyarka ta ci!"

"Haba, ɗan wanga? Maza na wuni cikinai suna aiki, mi ya same su?"

"Je ka tambayi Innata mi ya samu ɗanta."

Shi ɗan cikin gari ne, a rediyo ya ji labarin gubar, bai taɓa riƙe yaro yana sandarewa ba.

Washegari muka kai ta asibiti a Anka, aka ɗebi jininta. Da sakamako ya fito aka ce akwai dalmar a jiki, amma ba ta kai ta kwantarwa ba, mu gyara gida mu dawo a sake gwadawa. Ba zan ci haƙƙinsa ba: da hannunsa ya kankare daɓen ɗakin ya zuba siminti, ya kai bokitin da rigunan wasan can bayan gari ya binne.

Takaicina shi ne fim ɗin ya riga ya fita, yana yawo a wayoyin mutane, kuma ba abin da ake yabo sai ƙurar nan. Samari na zuwa har daga Adabka suna sallama a ƙofar gida: "Oga, mi ka sa a riga?" Yana ce musu garin rogo ne. Ba su yarda ba, don mai injin ya riga ya baza labari yana alfahari. Na ji wasu sun je sun ɗebo. Su ma gidajensu akwai masu rarrafe, kuma na san inda namiji ke ajiye kayan da yake ji da su.

Ni dai har yau ba a sake gwada 'yata ba, lokacin bai yi ba. In ta daɗe tana barci sai na taɓa ta. In ta ƙi cin tuwo sai hankalina ya tashi.

Karatuna bai yi nisa ba, iya abin da na gani na rubuta. In akwai ɗan fim a gidanku, don Allah ku buɗe duk wani bokiti ko buhu da ya shigo da shi, ku tambaye shi daga ina garin ya fito. In na injin dutse ne, kada ku bari ya kwana inda yaro yake.