Koren Fenti a Teburin Malam

Shekara talatin na yi a gidan adana kayan tarihi ina kula da kujeru da teburan da Turawan mulki suka bari. Ba yabon kai ba, in ka rufe mini ido ka ɗora hannuna a kan katako, zan gaya maka ko daga Ingila ya zo, ko kuwa maɗaci ne wani kafinta na Gummi ya goge. Abokan aiki har tsokanata suke yi, wai na fi sanin ƙasan tebur fiye da fuskar 'ya'yana.

A Bukkuyum na gamu da teburin da ya fi duk wanda na taɓa gani. Na je ta'aziyyar wani malami ne, aminin mahaifina, sai ga shi a zaure: teburin rubutu, kusurwoyinsa haƙori cikin haƙori, babu ƙusa ko ɗaya. Mahaifin marigayin ya yi wa Di'o, Baturen mulki, aikin rubutu, shi aka bar wa teburin. Na koma na shaida wa shugabanmu cewa na Ingila ne, ya girme mu duka, kuma gara za ta gama da shi in ba mu ɗauko ba. Ya ce idan ƙarya ne, in daina kiran kaina masani. Na ce na yarda.

Kuskurena guda, na aika cewa muna tafe.

Muka sauka daga babur kafin azahar. Inna, matar marigayin, ta sa aka fito da teburin tsakar gida. Kore shar, fentin mai, ko gama bushewa bai yi ba. Raina ya ɓaci har na kasa amsa sannu da zuwa. Shugabanmu ya dube ni, ya ce, "Wannan ne Ba'ingilen naka?"

"Inna, wa ya yi wannan aiki?" na tambaya.

"Ni nis sa anka yi, ɗana. Manyan baƙi za su taho, in bari su ishe kayan Malam da tsufa? Ai abin kunya na."

Na durƙusa. Na zaro aljihun teburin na kife shi, don na san mai fenti ba ya bin inda ido ba ya kaiwa. Ga sawun zarton hannu, ga hatimin kafintan can Ingila. Na miƙa wa shugaba, ya juya shi sau biyu, ya yi gyaran murya. Kowa ya san nufin gyaran muryar babba: ya yarda ke nan.

Sai na lura da wani wuri a gefen dama, faɗin tafin hannu, da fenti bai taɓa ba. Katakon ya lotsa, yana sheƙi. Na zaci fentin ne ya ƙare.

"A'a," in ji Inna. "Nan Malam ka aza gwiwar hannu tai in yana rubutu. Shekara arba'in. Na ce ma mai fenti kowane wuri shi shafa, ban da wanga."

Kunya ta kama ni. Na rubuta takardu a kan kafintocin da ban taɓa gani ba, amma wannan lotsawar, da ni aka bari, da lahani zan kira ta.

Inna ta amince muka ɗauko teburin, wata huɗu na yi ina cire fentin da auduga. Da aka zo gyaran ƙarshe, wani abokin aikina ya ɗauko abin cike rami ya nufi gefen dama. Na riƙe masa hannu.