Gona a Cikin Kwamfutar Mudir

Har yau ban manta da ranar da Ustaz Abdalla ya yi mini Hausa ba. Ku da kuka shigo aikin nan daga baya ba ku san shi ba, don haka bari in fara gaya muku ko wane ne.

A lokacin, kafin yaƙi ya watsa mu, ina aiki a wani kamfanin gyaran injinan ban ruwa da janareto a unguwar Alshajara. Ni kaɗai ce mai kula da kwamfutocin kamfanin, shi ya sa kowa yake ce mini Bashmuhandisa, wato injiniya, ko da aikin bai wuce in jona wayar firinta da ta zare ba. Ustaz Abdalla shi ne mudir, shugaban ofis. Dogo ne siriri, kullum fuska a murtuke. Na san Bahaushe ne, don mahaifiyata ta san danginsa tun suna Jazira, yankin gonakin auduga, amma a ofis Larabci kawai yake yi. Ranar da na kama aiki na gaishe shi da "ina kwana", ya dube ni ya amsa da Larabci. Daga nan na kama kaina.

Ana nan sai kamfani ya sayo sababbin kwamfutoci. Tsarin aikin sananne ne: in kwashe takardun aiki da saƙonni daga kowace tsohuwar kwamfuta in zuba a sabuwa, sannan in goge tsohuwar tas, don kada bayanan kamfani su fita waje. Wani ɗan kasuwa daga Omdurman ne ya sayi tsofaffin, kuma motarsa za ta zo ɗauka ranar Alhamis bayan azahar. Abin da na goge ya tafi ke nan, ko na wane ne.

Ta mudir na bari ƙarshe. Ranar Alhamis da hantsi, ma'aikata sun fita fatur, karin kumallon nan namu da ake yi in rana ta ɗaga, sai ya leƙo ofishina.

"Hawwa," ya ce da murya ƙasa-ƙasa, "zo ki duba mini wani abu, 'yata."

Sai da na waiga in ga da wa yake. Hausa ce tsantsa, irin ta tsofaffinmu. Na bi shi ofishinsa bakina a buɗe. Ya zaro filash daga aljihu ya miƙo mini yana kallon bango.

"Akwai wani barnamij, wata manhaja, a kwamfutar nan. Jiya na kwafe shi da hannuna, na kai gida na sa a laftof, ya ƙi buɗewa. Ga laftof ɗin ma na zo da shi."

Na jona filash ɗin. Abu ɗaya ne a ciki: ɗan hoton tarakta, da 'yar kibiya a gefensa. Wasan noma ne! Mutumin da ya taɓa yi wa akawunmu wankin babban bargo don ya kama shi yana karta a kwamfuta. Na ciji leɓe har na ji zafi, don in dariyar nan ta kuɓuce mini, na san aikina ya ƙare.

Kuskuren da ya yi, mutane da yawa suna yin sa. Ɗan hoton nan da ake dannawa a fuskar kwamfuta ba shi ne wasan ba, allon shago ne kawai. In ka ciro allon ka kai gida, kaya suna nan a shago.

"Ustaz, ai wannan ba matsala ba ce," na ce. "Wasan ana iya sa shi a kowace kwamfuta."

"Ba wasan nake so ba. Gonar nake so."

Nan na gane aikin da ke gabana. In aka sa wasa sabo, daga fili fetal ake farawa. Duk abin da mutum ya shuka ko ya gina yana cikin wani fayil dabam, kuma masu ƙera wasanni kowa da inda yake ɓoye nasa.

Na fara da mai sauƙi. Na danna hannun dama na maus a kan hoton taraktar, na zaɓi a kai ni inda wasan yake zaune. Na sami foldar, na kwashe ta duka, amma gonar ba ta ciki. Na leƙa foldar takardu, inda wasanni da yawa suke ajiye kayansu, nan ma wayam. Ina shirin leƙa wuri na uku sai aka ɗauke wuta.

"Kahraba! Wutar nan!" in ji Ustaz Abdalla, ya dafe kai.

Janaretonmu kuwa ya daɗe a lalace, mu da muke gyara na mutane. Muka zauna muna fifita da kwali. Kamar da gayya, direban ɗan kasuwar nan ya zo da wuri, ya loda sauran kwamfutocin, ya shiga danna hon a bakin ƙofa. Mudir ya aika masa da shayi, ya shanye, ya ci gaba da hon.

Da wuta ta dawo na umarci kwamfutar ta nuna ɓoyayyun foldoji. Akwai wata mai suna AppData, wadda ba a ganinta sai an nema, kuma can ne manhajoji suke jibge tarkacensu. Na buɗe na tarar da foldoji rututu, babu ko ɗaya mai sunan wasan. Sau da yawa sunan kamfanin da ya ƙera wasa ake sawa, wani lokacin ma lambobi ne kawai. In na ce zan bi su ɗaya bayan ɗaya, sai mu kai la'asar. Dabara ɗaya ta rage mini.

"Ustaz, sai dai ka zauna ka yi wasan."

"A gabanki?"

"A gabana. Ka taɓa wani abu ka adana, ni kuma in nemi fayil ɗin da ya canza yanzu-yanzu. Shi ne gonar."

Ya dubi ƙofa, ya dubi rufi, ya yi la haula. Direba ya sake danna hon. Sai ya ja kujera ya zauna.

Jama'a, na ga gona. Auduga a gefe guda, dawa a ɗaya gefen, hanyar ruwa ta ratsa tsakiya da 'yan rassa suna shiga kowane fegi, sak yadda ake yi a Jazira. A bakin gonar an rubuta: Hawashar Abakar. Hawasha ita ce gonar da ake ba manomi da sunansa a can. Iyayenmu ba su da ita. Su leburori ne, su tsinci audugar wani, su kwana a kambo, 'yan bukkokin da ke gefen gonaki.

"Abakar babana ne," ya ce, idonsa a kan allo. "Yana gidana a unguwar Alsawra. Tun da ƙafafunsa suka ƙi, ya daina magana da kowa, sai kallon bango. Wata rana na ce masa, Baba, ina da gona a kwamfutar ofis. Ya juyo ya ce, me ka shuka? Tun daga ranar, in na koma gida sai ya tambaye ni. Shi ke faɗa mini abin da zan yi, ni in zo in yi lokacin fatur."

"Ya san wasa ne?"

"Ya sani mana, hankalinsa garas. Cewa ya yi ko ta wasa ce kada in bar masa ita da ciyawa. In na je na ce gonar ta tafi, wallahi bango zai koma kallo."

Dariyar da nake ta ɓoyewa na neme ta na rasa. Kakata ma a audugar mutane ƙarfinta ya ƙare. Tausayi ya kama ni, tsoro kuma ya shige ni, don yanzu na san abin da ke hannuna.

Ya ba audugar ruwa, ya adana. Na sa kwamfutar ta jera mini fayiloli bisa lokacin da aka taɓa su. Ga shi nan a sama, cikin wata folda mai sunan da ba ya karantuwa, ɗan mitsitsi, bai kai nauyin hoto ɗaya na waya ba.

"Duk gonar ke nan?" ya ce.

"Har da shanun."

Ban goge komai ba tukuna, kuma ku riƙe wannan: ba a goge tsohuwa sai an ga abu ya buɗe a sabuwa. Na sa wasan a laftof ɗinsa, na buɗe shi sau ɗaya don ya gina foldarsa, na ajiye fayil ɗin a ciki, na sake buɗewa. Auduga ta bayyana da ruwanta. Ustaz Abdalla ya sauke ajiyar zuciya, ya ce, "Tamam, ya yi daidai. Allah ya yi miki albarka." Sannan na goge tsohuwar, aka miƙa wa direba ya tafi da hon ɗinsa.

Ranar Lahadi da muka dawo aiki bayan hutun Juma'a da Asabar, ya tsaya a ƙofar ofishina, fuskar nan a sake kamar ba shi ba.

"Hawwa, an ƙwace gonar."

"Fayil ɗin ne ya lalace?"

"Ina! Baba ne. Bai taɓa ganinta da idonsa ba sai ranar. Ya sa tabarau, ya daɗe yana kallo, sai ya ce ashe duk abin da yake faɗa mini rabi nake yi. Wai na cunkushe dawa, wai wane mahaukaci ne yake ɗaure shanu kusa da auduga. Yanzu laftof ɗin a cinyarsa yake wuni. Shi ke nuna wuri da yatsa, ni in danna."

"To kai ka zama me, Ustaz?"

"Lebura," ya ce, yana dariya har da share ido. "Shi ne mai hawasha."

Abin da na koya a ranar shi ne, tsarin aikinmu takardu kawai ya sani, alhali abin da mutum zai yi kuka a kansa sau da yawa yana can a ɓoye, kuma kunya ba za ta bari ya faɗa ba. Shi ya sa kafin ku goge kwamfutar kowa, ku jira sai ɗaki ya watse, ku rage murya, ku tambaye shi ko akwai wani abu nasa na kansa a ciki. In ya ce babu yana kallon bango, kada ku goge. Ku ja masa kujera.